Ƙuri'armu a Babura, Mamatanmu a Kazaure

Liman na sallame asuba muka kama hanya, ni da ƙanen marigayiya matata. Ko addu'ar bayan salla ban tsaya an shafa ba, domin ɗan acaɓar da muka yi magana da shi ya riga ya tayar da babur a bakin masallaci, mai kuwa yanzu ba abin da ake bari ya ƙone a banza ba ne. Na hau tsakiya, shi ya ɗare baya yana cewa angon Yaya ya matsa, ya cika wuri. Haka yake kirana tun ranar da aka kawo mini yayarsa, har yau da furfura ta gama da mu duka biyun.

Kafin mu fita gari na sa aka bi da mu ta maƙabarta. Bari in faɗa muku abin da ya fitar da tsofaffi biyu daga gida a tsakiyar bazara, don wanda bai san ƙauyenmu ba ya gane. Ƙauyenmu yana can ƙarshen ƙasar 'Yankwashi, inda ta haɗu da ƙasar Babura. A gefen gari akwai wani kwari. Muna yara ɗan zirin hanyar ruwa ne da muke tsallakewa da gudu. Yau raƙumi zai shiga ciki ba a hango tozonsa ba. Kowace damina sai ya ɓantari gaɓa, kuma ta ɓangaren maƙabartarmu yake ci. Bara ya tafi da shingen aguwa. Da safen nan da muka tsaya, tukwanen da ake rufe kabari da su sun fara leƙowa a jikin gaɓar. Kabarin uwar 'ya'yana yana cikin na bakin-baki, na san shi da dutsen da na ajiye wajen kai. Ƙanenta bai yi wasa a wurin ba. Ya dai taɓa kafaɗar ɗan acaɓa ya ce mu je.

Waɗanda suka san aikin sun zo sun duba tun da rani, sun ce sai an yi magudana ta siminti da duwatsu. Wannan ya fi ƙarfin gari, sai dai irin aikin da ɗan majalisar tarayya kan sa a kasafin kuɗi don mazaɓarsa. Shi ya sa dattawa suka wakilta mu, suka ce ni in je tunda ni na san 'yan siyasa.

To, a nan gizo ke saƙa. Jigawa kujeru goma sha ɗaya gare ta a majalisar wakilai ta tarayya, ƙananan hukumomi kuwa ashirin da bakwai, don haka aka haɗa su rukuni-rukuni, kowane rukuni da wakilinsa. Kazaure da Roni da Gwiwa da 'Yankwashi kujera ɗaya ce. Babura an haɗa ta da Garki, ita ma kujera ɗaya. Ƙasar ƙauyenmu tana cikin ta farko. Ƙuri'un mutanen ƙauyenmu kuwa, in ka cire 'yan tsiraru, a ta biyu suke faɗawa. Wanda ya jawo haka shi ne mai ba ku labarin nan.

Muka nufi Babura tukuna, tunda can muke zaɓe. Hanyar yashi ce zalla, babur na wutsil-wutsil kamar kifi a kwando, sau da yawa sai mun sauka mun taka. Gonaki duk an share su, ga tulin taki nan tsibi-tsibi ana jiran ruwa. Na buɗe ido sosai ko zan ga inda 'Yankwashi ta ƙare Babura ta fara, ban gani ba. Ƙasar ɗaya ce, kukokin ɗaya ne, matan da ke zuwa rijiya da jarkoki 'yan uwan matanmu ne. Ba mu yi nisa ba muka wuce wata makarantar firamare mai darbejiya a tsakar fili. Abokin tafiyata ya zungure ni da gwiwa ya ce in gaida ofishina. A gindin darbejiyar nan akwatinmu yake, wato rumfar da muke jefa ƙuri'a.

Ga yadda aka yi. Shekarun baya, da aka zo yin sabuwar rajistar masu zaɓe, ina da ƙarfina, ni ne mai ɗan karatun boko a gari, magana kuma in na yi ana ji. Muka sami saɓani da dagacinmu na lokacin, Allah Ya jiƙansa, a kan rabon taki, ya yi mini tsawa a gaban mutane. Akwatinmu na asali a ƙofar gidansa yake, a garin da ke yamma da mu, tafiya mai ɗan nisa. Ana cikin haka wani ɗan siyasa daga Babura ya same ni, ya ce me zai sa mu wahalar da mata da tsofaffi ga makaranta kusa, shi zai kawo mota ranar rajista, ya kawo ranar zaɓe. Na bi gida-gida. Na ce wa mutane Jigawa ɗaya ce, gwamna ɗaya, shugaban ƙasa ɗaya, sanatanmu ma da na Babura ɗaya ne. Duk wannan gaskiya ne. Abin da ban faɗa ba shi ne wakilin tarayya daban, kuma ban faɗa ba don rabi ban sani ba, rabi ban so in sani ba. So nake dagaci ya duba ƙofar gidansa ranar zaɓe ya ga wayam, ya san ina da jama'a.

Mutum ɗaya ya ƙi ni a gidana, matata. Ta ce, “Malam, wanda ya kai hatsinsa rumbun wani, da roƙo zai ci tuwo.” Na yi fushi, na yi kwanaki ina cin abincinta ba magana. Ba ta sake cewa komai ba. Amma duk ranar zaɓe, muna cikin mota ana kiɗa mun nufi gabas, ita za ta goya yaro ta nufi yamma a ƙafa.

Mun shiga Babura da hantsi. Muka zauna wajen mai shayi, muka sayi ƙosai a hannun wata mata da ke gefensa. Ƙosan zamanin nan sai ka haɗa biyu kafin bakinka ya san an sa masa wani abu. Garin na da motsi, ga mutanen Nijar da rawunansu, ga masu canjin sefa suna kaɗa kuɗi a iska kamar mafici. Ban tsaya kallo ba, muka wuce gidan mutumin nan da ya kawo mana mota a wancan lokaci. Yanzu ya zama Alhaji, ya yi teɓa, yana zaune a zaure matasa sun kewaye shi. Yana ganina ya ɗaga hannu yana kirana sarkin yaƙi, ya sa aka kawo ruwan sanyi, ya tambayi mutanen gari ɗaya bayan ɗaya, har da waɗanda suka daɗe a maƙabartar da ta kawo ni.

Na kwashe komai na faɗa masa, har da tukwanen da ke leƙowa. Ya yi salati, ya girgiza kai. Sa'an nan ya gyara zama ya fara yi mini karatu. Ya ce shi ba zai ma iya kai wannan magana sama ba, domin aikin mazaɓa ba ya tsallake iyaka, in aka rubuta sunan garin da ba ya cikin Babura ko Garki za a dawo da shi. Ya ce, “Ƙuri'arku tamu ce, ba ma musu. Amma kwarin nan a mazaɓar Kazaure yake.”

Na tambaye shi, ranar da ya aiko mota ta kwashe mu, iyakar barci take yi? Matasan suka kwashe da dariya, shi ma ya yi, ya ce sarkin yaƙi har yanzu bakin nan na nan. Ni ba dariya na zo yi ba. Maganar da ya faɗa gaskiya ce, haka tsarin yake, ban ja ba. Abin da ya ƙona mini rai shi ne ya san haka tun ranar farko. Ya san in an ci zaɓe ba abin da zai iya tsallakowa ya same mu, ya bar ni ina yawo gida-gida da ƙarya a bakina. Duk shekarun nan motarsa ba ta taɓa ɓata hanyar ƙauyenmu ranar zaɓe ba. Yau da na zo da kukan mamatanmu, ya zama masanin taswira.

Na miƙe ban sha ruwansa ba. Ya sa yaro ya biyo mu da leda cike da mangwaro, na ce a mayar. Abokin tafiyata ya karɓe, ya ce fushin nawa ne, mangwaro na Allah ne.

Daga nan sai tasha. Muka sami ƙaramar motar haya mai zuwa Kazaure, mutum huɗu a baya, biyu a gaba, buhun barkono a bayan wuyanmu. Kuɗin mota ya ninka abin da na sani, direba kuma ya ce wanda bai yarda ba ya je ya tambayi gidan mai. Motar sai da ta ratsa da mu ta ƙasar Kano, muka bi ta Dambatta, sa'an nan muka sake shigowa Jigawa. A yini guda mun fita jiha mun dawo, ba wanda ya tare mu ya ce ina za ku. Barkono ya tsallake, awaki sun tsallake, amarya ma tsallakewa take yi. Siminti ne kawai aka ce ba ya tsallake iyaka. Duk hanyar nan atishawa muke, abokin tafiyata kuwa yana shan mangwaro yana goge hannu a gefen babbar rigata.

Kazaure ta tare mu da duwatsunta da zafinta. Ta wajen dam masu kifi sun baje, ƙamshin suya na tashi, amma farashin ya sa muka gaisa da kifin daga nesa. An riga an kwatanta mana wani mutum da ake ce wa Kodineta, wai shi ke tattara koken jama'ar yankin ya kai inda ya kamata. Ban san wanda ya naɗa shi ba, a siyasar yanzu kowa da muƙaminsa. Muka sami ƙofar gidansa cike da masu jira irinmu, wasu a kan benci, wasu a kan takalmansu. Muka zauna har la'asar ta yi sanyi, kafin wani ya leƙo ya ce ai Kodineta ya tafi Roni ta'aziyya tun safe, can zai kwana. Mutanen gidan sun san haka tun zuwanmu, suna shiga suna fita suna tsallake ƙafafunmu, ba wanda ya ga ya dace ya faɗa wa masu furfura su tashi.

Muka sauka gidan 'yata da ke aure a garin. Ta yi mana tuwon dawa da miyar kuka, ta sa man shanu kamar yadda uwarta ke sawa. Da ta zo kwashe kwanuka ta durƙusa ta ce, “Baba, yaya wajen Inna? An ce ruwa ya matso.” Na ce mata ana ƙoƙari. Kawunta ya sunkuyar da kai yana wasa da ƙwallon mangwaro. Na yi wa mutane da yawa maganar siyasa a rayuwata, amma ban taɓa jin ɗacinta a bakina ba sai ranar da na yi wa 'yata.

Gari na wayewa muka hau acaɓa zuwa Roni. Hanyar nan daban take da tamu, hawa da gangara, duwatsu manya-manya a zaune kamar an jera su, gonaki a tsakaninsu. Muka sami gidan makokin, muka yi gaisuwa, muka yi wa mamacin da ba mu taɓa gani ba addu'a, Allah Ya kai masa. Da muka tambayi Kodineta aka ce yanzun nan ya tashi, ya wuce Gwiwa, yau kasuwa. Abokin tafiyata ya ce wannan ba Kodineta ba ne, balbela ce, inda shanu suka yi nan take yi.

Wani dattijo da muka zauna tabarma ɗaya ya tambaye mu daga ina. Na faɗi sunan ƙauyenmu, ya ce bai taɓa ji ba, ko a Katsina yake? Na ce a'a, wakilinmu ɗaya da ku. Ya yi mamaki, ya shiga ba mu labarin nasu kukan, wai rijiya a wajensu sai an fasa dutse. Na zauna ina tunani. Wannan bawan Allah da bai san da mu a duniya ba, kujerarmu ɗaya. Mutanen makarantar darbejiya, da nake jin kiran sallarsu daga tsakar gidana, da muke binne juna muna auren juna, tasu daban. Ban ce a rusa iyaka ba, dole a yanka ƙasa ta wani wuri kafin a raba kujeru. Amma wanda ya zauna a bakin yankan, wa ya taɓa zuwa ya zaunar da shi ya ce ga inda ka faɗa, ga wanda za ka kama in ruwa ya ci ka? Lokacin kamfe duka ɓangarorin biyu suna manna hotunansu a katangar masallacinmu. Ba wanda ya taɓa cewa wannan katanga ba tawa ba ce.

Mun isa Gwiwa rana ta take. Kasuwa ta cika, kekuna da babura sun yi dafifi a bakinta. Irin gyaɗa da na gero su ne ke ci, kowa na shirin shuka, awaki kuwa sun yi araha don masu su na neman abin sayen taki. Fulani mata sun jera ƙore a inuwa. Muka sha fura da nono mai kyau, wadda ba a cika ta da garin kuka ba, ita ce kaɗai abin da na ci a tafiyar nan na ji daɗinsa. A nan kusa muka sami Kodineta a wata rumfa, shi ma da ƙwarya a gabansa. Yaro ne, bai fi sa'an ɗana na biyu ba. Ba zan yi masa ƙarya ba, ya tashi ya ba ni kujerarsa, ya kira ni Baba, ya saurare ni har na gama bai taɓa wayarsa ba. Ya ce ya san yankin, aikin hana zaizayar ƙasa kuma abu ne da ake iya nema.

Sa'an nan ya ɗauki ludayi ya ce, “Baba, wane akwati ne naku?”

Abokin tafiyata, da ba ya rasa magana, ya juya yana kallon awaki. Na faɗi sunan makarantar. Kodineta ya ajiye ludayin a hankali. Ya ce ai wannan akwatin Babura ne. Ya ce in yi haƙuri, amma in duba masa: garuruwa na nan birjik daga Roni har 'Yankwashi, kowa da kwarinsa da rijiyarsa da gadarsa, kuma duk sun fito sun yi layi a rana. In ya tsallake su ya kai sunan garin da ƙuri'arsa ke wata mazaɓa, da wane baki zai yi bayani? Na kusa da shi suka gyaɗa kai. Wani ma ya ce a hankali, wai a je inda aka yi zaɓe mana.

A nan na kasa riƙe kaina. Na ce masa ba gidana na zo nema wa magudana ba, ba gonata ba. Na ce masu rai sun yi laifi, ni na ja su, a hukunta ni. Na ce:

“Amma wadda ke kwance a bakin kwarin nan, a akwatinku ta yi zaɓe har ta mutu. Da goyo take takawa. Ita wa zai kai kukanta?”

Na ji kunyar ɗaga muryata, amma ban janye ba. Na ce masa kakanninmu da ke wurin ba su da kati, a ƙasar nan aka haife su, ita suka noma, ita suka biya wa haraji, a cikinta suke. In mazaɓa ƙasa ce, to ga ƙasarku tana zubewa. In kuma mazaɓa ƙuri'a ce, a faɗa wa na Babura ya zo ya yi. Ba zai yiwu a can a auna mu da ƙasa, a nan a auna mu da ƙuri'a, kowa ya zaɓi mudun da zai fitar da mu ba.

Yaron ya ce zai kai maganar, ya kuma ce in an buɗe rajista mu mayar da katunanmu gida, hakan zai ba shi ƙafar tsayawa. Amma ya ce ba zai yaudare ni ba, kasafin bana ya riga ya wuce, ko an amince sai baɗi, ko gaba da baɗi. Na gode masa a kan wannan gaskiyar, don ita ce ta farko da wani ya ba ni ba tare da dariya ba. Sai dai damina ba ta san kasafi ba.

Muka juyo. Daga Gwiwa sai Kazaure, daga Kazaure sai Achilafiya a ƙasarmu ta 'Yankwashi. A Achilafiya muka hau acaɓa, kafin mu yi rabin hanya iska ta juya, gabas ta yi baƙi. Aka yi ɗan yayyafi, ƙasa ta tashi da ƙamshin nan da kowane manomi ke jira. A gonaki mutane na ɗaga hannu suna murna. Ni tunda nake ban taɓa jin ƙamshin ruwan fari gabana ya faɗi ba sai ran nan. Muka shiga gari ana kiran magariba.

Washegari bayan asuba na tashi a masallaci na ba da labarin tafiya kamar yadda na ba ku, ban rage ba. Na faɗa musu dalilin da ya sa na kai su makarantar darbejiya, cewa ba tausayin ƙafafunsu ba ne, haushin dagaci ne. Wasu sun ce Allah Ya yafe mana gaba ɗaya. Wani tsoho da mahaifiyarsa ke kwance kusa da matata ya ɗauki takalmansa ya fita, har yau kuma bai amsa sallamata ba. Ban ga laifinsa ba. Liman ya ce tunda lalura ta kai haka, shari'a ta yarda a ɗauke na bakin gaɓa a mayar da su ciki, kada a jira ruwa ya yi mana aikin.

Aka yi gayya. Matasa suka cika buhuna da yashi suka jera a gindin gaɓar, aka dasa jema da aguwa a sama, kowa ya san wannan na wucin gadi ne kawai. Mu kuma dattawa muka kewaye wurin da zana, aka hana mata da yara matsowa, aka kawo sabon farin ƙyalle. Ba zan ba ku labarin abin da ke bayan zanar ba. Da aka zo kan matata, ƙanenta ya shiga kabarin, ni na tsaya a baki. Ya ɗago ya dube ni. Na ɗauka zai faɗi abin da ya daɗe yana da haƙƙin faɗa. Sai ya miƙo mini gefen ƙyallen ya ce, “Ango, kama nan.”

Muka kai ta can yamma, nesa da kwari, na ɗauko dutsen nan na sake ajiye shi wajen kai.

Abin da tafiyar nan ta koya mini ba shi da yawa. Iyakar mazaɓa ba a ganinta a gona, ba a ganinta a kasuwa, ranar zaɓe ma masu mota ba sa ganinta. Ranar da ka zo da buƙata take fitowa, ta fi katanga tsawo. Duk wanda ke zaune a bakin iyaka irinmu, ya tambaya ya san ƙasar da gidansa yake, da akwatin da ƙuri'arsa ke faɗawa, ya tabbata wakili ɗaya suke kallo. Wanda ya zo da mota ya ce duk ɗaya ne, a tambaye shi ko motar za ta dawo da siminti. Har yanzu ina fushi da Alhajin Babura, ina fushi da masu auna talaka da mudu biyu, amma wanda na fi fushi da shi da shi nake kwana.

Na riga na je na gaida ɗan dagacin nan, wanda ke kan gadon ubansa yanzu, na durƙusa a zauren da na rantse ba zan sake shiga ba. Ranar da aka buɗe rajista zan sake bin gari gida-gida, kamar wancan karon, da sandata. Babu mota a wannan karon. A ƙafa za mu tafi, ta hanyar yamma, kuma hanyar ta gefen sabon makwancinta ta bi.